Kufan Alƙalawa da Aikin Masanin Kufai: Darasi daga Binciken Anne Haour

Tsakure

Wannan maƙala ta dubi aikin masanin kufai, wato mai karanta tarihi daga abin da mutanen da suka bari a cikin ƙasa, ta hanyar bin sawun Anne Haour daga Kufan Kanawa a Damagaram har zuwa tsibiran Maldibs. Daga nan ta auna abin da irin wannan aiki zai yi wa tarihin Gobir da Zamfara a ƙasar Sabon Birni da Isa. Ra'ayin maƙalar shi ne, gajeren zamanin da Alƙalawa ta yi tana birnin sarauta shi ne babbar darajarta a wurin mai bincike.

1.0 Gabatarwa

Duk ɗalibin da ya karanta tarihin Jihadi ya san sunan Alƙalawa. Ya san a nan fadar Bawa Jangwarzo take, ya kuma san a watan Oktoba na 1808 rundunar Muhammadu Bello ta ci birnin, aka kashe Sarkin Gobir Yunfa. Amma a tambaye shi faɗin birnin, ko inda kasuwa take ci, ko abin da ake dafawa a gidan talaka da irin tukunyar da ake dafa shi, sai ya yi shiru. Ba a ga laifinsa ba, domin littattafan da aka ba shi ba su damu da waɗannan tambayoyi ba.

Abin da muke karantawa game da Gobir ya zo mana ne ta hanya biyu. Ta farko ita ce alƙalamin malaman Jihadi, musamman *Infaƙul Maisuri* na Muhammadu Bello, wanda ya rubuta a 1812, da *Tazyinul Waraƙati* na Abdullahi ɗan Fodiyo. Waɗannan ayyuka ne masu daraja, amma waɗanda suka ci birnin ne suka rubuta su, kuma hankalinsu yana kan hujjar yaƙi da yadda aka gwabza shi. Ta biyu ita ce ta baka: jerin sarakuna da kirari da labaran da ake adanawa a fadar Tsibiri da ta Sabon Birni. Su ma labarin masu mulki ne. A kan waɗannan madogarai ne masana irin su Garba Nadama (1977) a kan Zamfara da Abdullahi Rafi Augi (1984) a kan Gobir suka gina manyan kundayensu a Jami'ar Ahmadu Bello. Akwai shaida ta uku, wadda ba ta ɗauki ɓangare a yaƙin ba, ita ce ƙasar da birnin ya zauna a kanta. Mai iya sa ta magana shi ne masanin kufai.

2.0 Yadda ake tambayar ƙasa

Jama'a da yawa suna ɗaukar masanin kufai a matsayin mai neman tukunyar zinariya. A zahiri mafi yawan abin da yake tattarawa shara ce: tsingaro, da ƙashin dabba, da gawayi, da kashin ƙarfe da masu narka tama suka zubar. Juji ya fi fada amfani a wurinsa, don a juji ne kowane gida yake zubar da abin da ya ci da abin da ya fasa, ba tare da tunanin wani zai zo ya duba ba.

Ginshiƙin aikin shi ne hawa-hawan ƙasa. Idan mutane suka daɗe a wuri, ɗaki ya faɗi a gina wani a kansa, shara ta hau kan shara, sai ƙasar ta zama hawa bisa hawa, na ƙasa ya girmi na sama. Mai bincike yakan yanka rami mai kusurwa huɗu, ya riƙa kankare ƙasar kaɗan-kaɗan da ɗan cokalin magina, yana tankaɗe ta da rariya, yana rubuta zurfin da aka sami kowane abu da abin da yake kusa da shi. Wannan rubutu shi ne ilimin. Tukunyar da aka ciro ba tare da an rubuta inda take ba ta zama kayan ado kawai. Kuma ramin da aka haƙa ba ya haƙuwa sau biyu, shi ya sa mai sakaci a wannan fage yake ɓata abin da ba ya gyaruwa.

3.0 Anne Haour: daga Kufan Kanawa zuwa Maldibs

Anne Haour farfesa ce a Jami'ar East Anglia da ke Ingila, kuma a ƙasar Hausa ta fara yin suna. Binciken digirinta na uku a Jami'ar Oksfod ta yi shi ne a Kufan Kanawa, wani tsohon birni mai ganuwa a yankin Damagaram cikin Jamhuriyar Nijar, aka buga shi littafi a 2003. Sunan wurin kansa labari ne. Mutanen yankin suna cewa a nan Kanawa suka zauna kafin su tashi su tafi Kano.

Hanyar da ta bi ta cancanci ɗalibi ya lura da ita. Ta saurari labarin baka, ta bi ganuwar da ƙafa, ta haƙa ramukan gwaji, sannan ta nazarci yadda masu ginin tukwane na yankin suke aikinsu a yau, domin ta gane abin da take gani a jikin tsingaron da ta tono. Awon gawayi ya nuna an zauna a wurin tsakanin ƙarni na 14 da na 17. To, a wannan lokaci Kano ta riga ta daɗe da kafuwa, domin an sami alamar narka tama a Dala tun wajajen ƙarni na 7. Ke nan Kufan Kanawa ba za ta zama uwar da ta haifi Kano ba. Wannan bai sa labarin baka ya zama ƙarya ba. Yana iya zama tunawa da zamanin da Kano ta yi ƙarfi, ta janye fatake da masu sana'a daga garuruwan arewa, har wasu suka zama kufai. Mai labari ya riƙe cewa an yi ƙaura, gawayi kuma ya gyara masa lokacin da aka yi ta. A ganina wannan shi ne darasi mafi amfani ga mai son nazarin Gobir, inda labarin ƙaura daga birni zuwa birni shi ne ƙashin bayan tarihi.

Daga baya ta faɗaɗa. A 2007 ta fitar da littafi mai kwatanta sarakuna da mayaƙa da fatake da malaman tsakiyar Sahel da takwarorinsu na arewacin Turai tsakanin 800 da 1500. A 2010 ita da Benedetta Rossi suka tsara littafin da ya tattara masana a kan tambayar yadda ake zama Bahaushe. Daga 2011 ta jagoranci wani babban aiki na shekaru a ƙasar Dendi, arewacin Jamhuriyar Benin, inda aka haƙa tudun Birnin Lafiya a bakin kogin Kwara, aka sami tsofaffin ɗakuna masu daɓen tsingaro. Sai kuma wuri, kuɗin kakanninmu, ya ja ta zuwa tsibiran Maldibs a tekun Indiya, inda ake kamo shi tun asali kafin ya ratso duniya ya iso kasuwannin Katsina da Kano. Wanda ya dubi wannan tafiya zai ga tambaya ɗaya ce take jan ta daga wuri zuwa wuri: ta yaya kaya da mutane suke ratsa nisan duniya, kuma wace alama suke bari a ƙasa? Zai kuma ga cewa aikin na haƙuri ne. 'Yan makonni ake yi a bakin rami, sauran shekarar ta ƙare a wankin tsingaro da ƙirga shi da rubutu.

4.0 Sawun Gobirawa a ƙasa

Gobirawa sun ce daga gabas suka fito, suka zauna a Azbin, sannan suka gangaro kudu zuwa Birnin Lalle, a arewacin Maraɗi ta yau, kafin su iso kwarin Rima. Akwai wuraren da ƙasa ta riga ta ce wani abu a kan wannan hanya. A Marandet, kudu maso yamma da Agadas, an tono dubban ƙananan kasaken narka tagulla, waɗanda awo ya kai su tsakanin shekarar 500 da 1000 ta miladiyya. Masana da dama suna ganin wurin shi ne Maranda da Al-Yaƙubi ya ambata a ƙarni na 9, kuma masanin tarihin Nijar Djibo Hamani yana cikin masu danganta shi da labarin asalin Gobirawa. Ibn Baɗɗuɗa, da ya sauka a Takadda a 1353, ya ce ana kai tagullar garin zuwa wata ƙasa da ya kira Kubar, wadda ake fassarawa da Gobir.

Sai dai John Sutton, masanin kufai da ya koyar a Zariya a shekarun 1970, ya rubuta maƙala a 1979 yana cewa yaɗuwar Hausawa daga gabas ta tafi yamma, daga wajajen Haɗeja da Daura da Kano zuwa Zamfara da Kabi. Idan haka ne, to waɗanda suka gangaro daga Azbin gidan sarauta ne da mabiyansa, ko kuwa al'umma ce gaba ɗaya? Jerin sarakuna ba zai amsa wannan ba. Tukwane suna iya taimakawa, domin ginin tukunya sana'a ce da akan gada a gida, kuma hannun da ya saba da wata hanyar gini ba ya saurin sake ta. Idan salon tukwanen Birnin Lalle ya bayyana kwatsam a Alƙalawa, mutane da yawa ne suka yi ƙaura da iyalinsu. Idan kuwa tukwanen Alƙalawa ci gaban na Zamfarawan da aka tarar ne, to sarauta ce ta sauya, masu girki suna nan inda suke.

5.0 Alƙalawa a matsayin ma'auni

A tsakiyar ƙarni na 18 Sarkin Zamfara ya ba Gobirawa wurin zama a gonar alƙalinsa a bakin Rima, kuma daga nan sunan Alƙalawa ya samo asali. Baƙo ya yi ƙarfi ya fi mai gida: a farkon shekarun 1760 Sarkin Gobir Babari ya ci Birnin Zamfara, wanda kufansa yake kusa da Isa ta yau. Alƙalawa ta zama babban birnin yankin a zamanin Bawa da Yakuba da Nafata da Yunfa, sannan ta faɗi a 1808. Bayan yaƙin Gawakuke na 1836 Gobirawa suka kafa Tsibiri kusa da Maraɗi, daga baya wani reshe ƙarƙashin Ɗan Halima ya dawo kwarin Rima ya kafa Sabon Birni. Isa kuwa ta zama sansanin tsaron iyakar Daular Usmaniyya, har Barth ya bi ta wajen a 1853 a hanyarsa ta zuwa Sakkwato.

A dubi abin da wannan jeri yake nufi ga mai bincike. A cikin ƙasar ƙananan hukumomi biyu akwai birnin da ya faɗi wajajen 1762, da wanda ya yi sarauta daga wajajen lokacin zuwa 1808, da wanda aka kafa a rabi na biyu na ƙarni na 19 kuma yana raye har yau. Kowanne an san ƙarshensa ko farkonsa daga rubutu. Da wuya a sami irin wannan a wuri ɗaya.

Muhimmancin haka yana fitowa ne idan aka san raunin awon gawayi. Wannan awo ya dogara ne da sinadarin kabon 14, wanda duk abu mai rai yake ɗauka, kuma yake raguwa bayan mutuwa, rabinsa ya ƙare cikin shekara 5,730. Yana aiki sosai ga abin da ya daɗe. Amma ga abin da ya mutu tsakanin wajajen 1650 da 1950, sakamakonsa yakan nuna lokuta biyu ko uku mabambanta, saboda yawan sinadarin a iska ya yi ta hawa da sauka a wannan tsakani. Wato a daidai ƙarnonin da tarihin Gobir ya fi zafi, na'urar ba ta iya raba zamanin Babari da na Ɗan Halima. Dole a nemi wani ma'auni, kuma Alƙalawa za ta iya zama shi. Idan aka tantance siffar bakin tulunta da zanen randarta da irin laka da ake gina su, an sami abin da za a ce: ga tukwanen kwarin Rima na rabi na biyu na ƙarni na 18. Sai a kwatanta da hawan sama na Birnin Zamfara, wanda ya gabace ta, da tsofaffin jujin Sabon Birni, waɗanda suka biyo baya. Daga nan duk wani ƙaramin kufai marar suna a ƙasar Gobir da Zamfara, wanda ba wani littafi da ya ambace shi, ana iya sa shi a gurbinsa ta hanyar tsingaron da ke kwance a kansa.

Dole a yi hattara da abu biyu. An zauna a wurin kafin ya zama birni, an kuma ci gaba da zama da noma a kewayensa bayan faɗuwarsa, don haka sai an rarrabe hawan sarauta da na gabansa da na bayansa. A nan yaƙin kansa yana iya yin amfani: idan an ƙone wani sashe na birnin, toka da gawayi za su kwanta kamar layi a jikin rami.

Akwai kuma ƙananan shaidu masu taimakawa. Taba daga nahiyar Amurka ta fito, ba ta iso Afirka ta Yamma ba sai wajajen 1600, saboda haka duk hawan da aka sami lofe a cikinsa bai girmi wannan lokaci ba. Haka ƙonanniyar ƙwayar masara ko gyaɗa, su ma 'yan can ne. Yawan wuri a unguwa zai nuna yadda kuɗi ya shiga hannun talakawa. Duwatsun bindiga da harsashi za su faɗi yawan bindigar da Gobir ta mallaka, batun da ake yawan yi da ka. Ramukan karofi za su nuna unguwar marina. Gidan Inna, mai babban matsayi a sarautar Gobir kuma shugabar 'yan bori, wanda malaman Jihadi ba su da dalilin siffanta shi, yana iya bayyana a tsarin gini da kayan da aka bari.

6.0 Abin da ke tsaye a hanya

Ba a ɓoye yake ba cewa a halin yanzu ba malamin da zai kwashi ɗalibai ya kafa tanti a karkarar Sabon Birni ko Isa. Tun wajajen 2019 hare-haren 'yan bindiga suka kori dubban mutane zuwa jihar Maraɗi da cikin garin Sakkwato, kuma a watan Agusta na 2024 Sarkin Gobir na Gatawa, Alhaji Isa Bawa, ya rasu a hannun waɗanda suka sace shi. A gaban asarar rai, maganar tsingaro ƙarama ce. Amma kufai ba ya jiran zaman lafiya: ambaliyar Rima tana cin gaɓa kowace damina, garma tana baje ganuwa, masu gini suna ɗibar ƙasa. Ga kuma masu haƙar sata. A shekarar 2000 Majalisar Gidajen Tarihi ta Duniya ta sa gumakan laka na yankin Sakkwato da Katsina, tare da na Nok, cikin jerin kayan Afirka da aka fi sacewa. Mafi yawansu sun isa kasuwannin Turai ba tare da an rubuta ramin da suka fito ba.

Wannan hali ba a kanmu aka fara shi ba. Ruth Shady, masaniyar kufai 'yar ƙasar Peru, ta fara aiki a Caral cikin kwarin Supe a 1994, wurin da aka daɗe da sani amma ba a kula da shi ba, saboda babu tukwane ko zinariya a cikinsa. A 2001 awon ciyawar da aka saƙa jakunkunan ɗaukar duwatsun gini da ita ya nuna birnin ya kai wajajen shekara 2600 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), wato yana cikin mafi tsufan birane a nahiyar Amurka, dubban shekaru kafin zuwan Kolombus. A 2003 'yan fashi suka harbe ta a hanyar wurin aikin, ta warke ta koma. A 2009 Caral ta shiga jerin wuraren tarihi na duniya na UNESCO, amma ko bayan haka masu ƙwacen filaye sun yi mata barazanar kisa a lokacin annobar korona. Abin lura a labarinta shi ne 'yar ƙasa ce, daga jami'ar ƙasarta ta fito, kuma ta tsaya a kwari ɗaya shekara talatin. Baƙo irin Haour yakan buɗe hanya ya wuce inda tambayarsa ta kai shi. Kwarin Rima yana buƙatar wanda zai zauna.

7.0 Abin da ɗalibi zai iya farawa yanzu

Jami'ar Ahmadu Bello tana da sashen koyar da ilimin kufai, haka Ibadan da Nsukka, kuma doka ta hana kowa haƙa wurin tarihi sai da izinin Hukumar Kula da Gidajen Tarihi ta Ƙasa, wadda aka kafa a 1979. Amma kaso mai yawa na aikin ana yin sa kafin a taɓa ƙasa, kuma ɗalibin Hausa ya fi kowa dacewa da shi.

Na farko shi ne hoton sama. Ganuwa da gwalalo sukan bar tabo a gona ko da sun baje, kuma ana ganin tabon a hotunan tauraron ɗan'adam na Google Earth. Akwai ma tsofaffin hotunan leƙen asiri na Amurka na shekarun 1960, waɗanda aka saki ga jama'a a 1995. Idan aka ɗora tsoho a kan sabo, za a ga abin da kogi da garma suka ci cikin shekara sittin, ba tare da an bar ɗakin karatu ba.

Na biyu ya fi gaggawa. Dattawan da suka san sunan kowace ƙofa da kowane tudu, da inda iyayensu suka hana su nomawa saboda maƙabarta ce, da yawansu yanzu suna zaman gudun hijira a Sakkwato da Gidan Rumji da Maraɗi. Sunayen wurare su ne taswirar farko ta mai haƙa, kuma su ne za su tsare shi daga taɓa kabarin Musulmi, abin da jama'a ba za su yafe ba. Haka masu ginin tukwane da suka bar garuruwansu: a zauna da su, a rubuta inda suke ɗibar yumɓu, da abin da suke haɗa shi da shi, da sunan kowane zane da abin da ake yin sa da shi, da wanda ya koya musu da garin da ya fito. Tunda iyakar da Ingila da Faransa suka shata a farkon ƙarni na 20 ta raba Gobir gida biyu, aikin sai an haɗa hannu tsakanin Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da Jami'ar Ɗan Dikko Ɗankulodo ta Maraɗi da Cibiyar Binciken Kimiyyar Ɗan'adam ta Yamai, inda Boubé Gado, wanda ya haƙa maƙabartar Bura a 1983, ya yi aikinsa. Birnin Lalle da Tsibiri suna wancan ƙetare, Alƙalawa da Birnin Zamfara suna wannan, kuma tsingaron wuraren huɗu sai an shimfiɗa shi a kan tebur ɗaya kafin a san ko hannu ɗaya ne ya gina su.